Wata 14 da simbal ɗin Mel Lewis na Istanbul Agop

Wata 14 ke nan da na kafa wannan simbal a hannun damana, kuma sai yanzu nake ganin na isa in faɗi wani abu a kansa. Ga wanda bai saba da kayan kiɗan jaz ba, simbal shi ne faifan tagullar nan mai faɗi da mai ganguna yake ɗorawa kan ƙafar ƙarfe yana bugawa da sanda. Wanda nake magana a kansa na kamfanin Istanbul Agop ne, faɗinsa inci 21, wajen santimita 53 ke nan, yana da ƙusoshi biyu a jikinsa, kuma sunan Mel Lewis, shahararren makaɗin gangunan jaz na Amurka, aka buga masa. Na haɗa da ƙaninsa mai inci 19, amma babban ne ya sauya mini hannu, don haka a kansa zan fi tsayawa.

Ganguna nake kaɗawa a tawagar mutum 16: saksofon biyar, turampet huɗu, turombon huɗu, fiyano, bes, sai ni a baya. Da rana kuma ina aikin situdiyo, a kira ni in kaɗa wa mawaƙin da ban taɓa gani ba, a miƙo mini takarda, a ɗauka, a sallame ni. Wata rana muna gwaji, masu saksofon suna cikin wani wuri mai laushi da su biyar ɗin suke tafiya kamar murya ɗaya, sai shugaban tawagarmu, dattijon da ya girme wa mahaifina, ya ɗaga hannu aka tsaya.

Ya ce, "Ɗana, lokacinka daidai yake, ba ka gudu, ba ka jan ƙafa. Amma kai kaɗai nake ji. Ina masu saksofon suka shiga?"

Na ce, "Baba, ai a hankali nake bugawa."

Ya ce, "Na gani. Faifan nan naka ne yake zaune a kan muryarsu. Je ka saurari Mel Lewis, in ka dawo sai mu yi magana."

Abin ya yi mini zafi, domin faifan da nake amfani da shi a lokacin mai nauyi ne, mai sheƙi, amonsa siriri mai kaifi, kuma ina ji da shi. Amma na bi maganar dattijo. Na yi makonni ina sauraron mutumin nan da daddare, kuma daga nan ne labarin sayen ya fara.

Sunansa na yanka Melvin Sokoloff. An haife shi a Buffalo ta jihar New York a Amurka ranar 10 ga Mayu 1929, ɗan Yahudawan da suka yi ƙaura daga Rasha, kuma mahaifinsa ma makaɗin ganguna ne. Yana da shekara 15 ya fara cin abinci da kiɗa. Ya bi tawagogin Boyd Raeburn da Ray Anthony da Tex Beneke, sannan a 1954 ya shiga ta Stan Kenton, wadda aka sani da ƙarar ƙahoni kamar za su ɗage rufin ɗaki. Abin da ya fara ba ni mamaki ke nan: saurayi ya zauna a bayan tawaga mai irin wannan nauyi, bai yi gasar ƙara da ita ba, amma ya sa ta tafiya da sauƙi kamar an zuba mata mai. A 1957 ya zauna a Los Angeles, inda ya shiga aikin situdiyo gadan-gadan, yana kuma kaɗa wa Terry Gibbs da Bill Holman. Gibbs ne ya laƙaba masa sunan da ke nufin tela, sunan kuma ya bi shi har ƙarshen ransa. Ya yi aiki da babbar tawagar Gerry Mulligan, ya bi Benny Goodman rangadin Tarayyar Sobiyet a 1962, sannan a 1963 ya koma birnin New York.

Wanda bai yi aikin situdiyo ba, da wuya ya san abin da yake yi wa zuciyar makaɗi. Da safe talla ce ta daƙiƙa 30, da azahar mawaƙiya mai son a bi ta a hankali, da yamma kiɗan shirin talabijin. Dole ka karanta takarda a gani na farko, ka ba da abin da ake so a ɗauka ta ɗaya ko ta biyu, domin kowane minti kuɗin wani ne. Sunanka sau da yawa ba ya fita a bangon faifan waƙar. Aiki ne mai rufin asiri, yana kuma koya wa mutum ladabi, amma in ka daɗe a cikinsa sai ka fara kewar kiɗan da ya sa ka ɗauki sanda tun farko. Wannan kewar ce ta haɗa Mel Lewis da Thad Jones, mai turampet kuma marubucin kiɗa wanda ya yi shekaru tara tare da Count Basie. A ƙarshen 1965 suka tara abokansu, mafi yawansu ƙwararrun situdiyo, irin su Snooky Young da Pepper Adams da Jerome Richardson da Bob Brookmeyer da Richard Davis da Hank Jones, suna gwaji da tsakar dare bayan kowa ya tashi daga aikinsa. Ranar Litinin 7 ga Fabrairu 1966 suka fara kiɗa a Village Vanguard, wani ɗakin ƙarƙashin ƙasa a unguwar Greenwich Village wanda kujerunsa ba su wuce ɗari da 'yan kai ba. Litinin ce daren da makaɗa suka fi samun sarari, shi ya sa aka zaɓe ta.

Ku dubi wannan da kyau, domin a nan sirrin faifan yake. Ƙahoni goma sha uku a ƙaramin ɗaki mai gajeren rufi, masu sauraro na farko gwiwarsu tana kusan taɓa masu saksofon. Makaɗin da ya saki hannu a irin wannan wuri ya kashe kiɗan. Mel Lewis yana kaɗa wa tawagar mutum 17 kamar yana kaɗa wa mutum huɗu. Ba ya cika son a bar masa fili shi kaɗai ya nuna bajinta, irin abin da aka san makaɗan ganguna Gene Krupa da Buddy Rich da shi. Yakan sauya faifai gwargwadon wanda ya tashi busa, wannan faifan a bayan mai turampet, wancan a bayan mai saksofon, don kowa ya sami shimfiɗar da ta dace da muryarsa. Ra'ayinsa shi ne kowane faifai ya iya aiki biyu, a riƙe lokaci a kansa, a kuma iya dukansa ya fashe da ƙara in an zo wurin. Ya riƙe fatar maraƙi a gangunansa shekaru da yawa bayan fatar roba ta mamaye kasuwa daga 1957. Tawagar ta ci kyautar Grammy da wani faifan kiɗa da aka ɗauka kai tsaye a Munich. Da Thad Jones ya tashi ya koma Denmark a ƙarshen shekarun 1970, Mel ya ci gaba da riƙe ta shi kaɗai, Brookmeyer yana rubuta musu sabon kiɗa. Ciwon dajin fata ya kama shi, bai bar kujerarsa ba sai dab da ƙarshe. Ya rasu ranar 2 ga Fabrairu 1990 yana da shekara 60, saura kwana biyar tawagar ta cika shekara 24 a wannan ɗaki. Har yau tana nan da sunan Vanguard Jazz Orchestra, kuma har yau daren Litinin nata ne.

To me ya haɗa shi da Turkiyya? Faya-fayan da ya fi so tsofaffin K. Zildjian ne da ake ƙerawa da hannu a Santambul. Gidan Zildjian ya faro ne a wannan birni tun 1623, wani reshensa ya koma Amurka a 1929, masana'antar Santambul kuwa ta rufe a ƙarshen shekarun 1970. Maƙera biyu da suka tashi a cikinta tun suna yara, Agop Tomurcuk da Mehmet Tamdeğer, suka buɗe tasu a 1980 suka ci gaba da aikin yadda suka gada. Mel Lewis yana cikin manyan makaɗan Amurka na farko da suka ji faya-fayansu suka tsaya musu. Bayan rasuwar Agop a 1996 kamfanin ya rabu biyu, 'ya'yansa suka riƙe Istanbul Agop, abokin aikinsa ya riƙe Istanbul Mehmet. Saboda haka sunan da ke kan faifan nan yana da tushe, ba aro aka yi don talla ba.

Ranar da na buɗe kwalin, abin da ya fara kama idona shi ne sawun guduma. Tagullar kashi 80 jan ƙarfe ce, kashi 20 kuza. Ana narka ta, a zuba, a gasa, a bi ta da injin murza sau da yawa har ta yi faɗi, a fitar da cibiyar tsakiya, a tsoma a ruwa, sannan maƙeri ya zauna da guduma yana bi yana juyawa, daga ƙarshe a ɗora kan injin da ke juyi a kankare fuskar. In ka karkata faifan wajen haske za ka ga ramukan gudumar ba a jere suke ba, wasu sun cunkushe, wasu sun warwatsu, sirarran layukan kankara kuma sun zagaye su kamar zoben cikin itace. Na ɗora shi kan yatsana ta ramin tsakiya na ƙwanƙwasa gefen da gaɓar yatsa. Amon da ya fito mai zurfi ne, yana da ɗan kaushi a ƙasa, ya bazu a hankali, sannan ƙusoshin biyu suka kama rawa. Ƙusoshin nan ba a ɗaure suke tam ba, an zura su ne a ramuka kusa da juna wajen baki aka buɗe ƙafafunsu ta ƙasa, don haka in faifan ya girgiza sai su yi ta tsalle a wurinsu suna ba da wani siririn sauti kamar yayyafi a kan busasshen ganye. Nauyin nawa kilo biyu ne da ɗan ɗori. In na kama baki da hannu biyu na danna, yana ɗan lanƙwasa, abin da tsohon faifaina ba ya yi ko kaɗan.

Makon farko ban ji daɗinsa ba, kuma gara in faɗa. Hannuna ya saba da faifai mai tauri wanda sanda take dawowa daga kansa da kanta. Wannan kuwa yana karɓar sanda ne kamar ka taka ƙasa mai laushi. Da na buga shi da ƙarfin da na saba, amon ya taru ya cika, ya haɗiye bugun sandar, har na daina jin inda nake. Na ɗauka na yi asara. Sai na tuna yadda na ga hannun Mel Lewis a tsofaffin bidiyo, sandar ba ta tashi sama da 'yan yatsu kaɗan daga faifan, kafaɗarsa a sake. Na sauya sanda zuwa mai sauƙi mai ɗan ƙaramin kan katako, na sassauta riƙo, na bar nauyin sandar ya yi aikin. Nan take faifan ya buɗe baki. Kowane bugu ya fito a fili da ɗan sautin katako a kansa, ƙarƙashinsa kuma ga shimfiɗar amo mai ɗumi wadda ba ta hawa sama da inda ka ajiye ta. Ashe ba faifan ne ya gaza ba, hannuna ne yake buƙatar gyara.

A cikin tawaga ne ya nuna ko shi wane ne. Tsohon faifaina yana zaune ne a saman sauti, daidai inda kaifin turampet da saksofon yake, shi ya sa suke ture juna. Wannan yana kwanciya ƙasa da su, ya bar musu sama. A wurin nan mai laushi da aka tsayar da ni, yanzu ina jin numfashin mai babban saksofon na ƙasa kafin ya shiga, abin da ban taɓa ji ba daga kujerata. Mai bes ɗinmu, wanda muke sa'anni, ya ce mini, "Abokina, yanzu ina jin inda zan ajiye ƙafa." Ƙusoshin suna cike ratar da ke tsakanin bugu da bugu, musamman a kiɗa mai tafiyar hawainiya, inda faifai busasshe yake barin rami mai ban tsoro. In kuma an zo wurin da ƙahoni duka za su tashi, sai in kwantar da wuyan sanda a bakin faifan, ya fashe da faɗi, ya sauka da wuri, in koma kan lokaci ba tare da na ɗaga hannu zuwa wani faifai ba. Aiki biyun nan da mai sunan yake nema, ga su a faifai ɗaya. Da burushin waya ma yana amsawa, shafa ɗaya ta isa ta tayar da ƙusoshin.

Mai inci 19 yana hagu. Ya fi saurin tashi, muryarsa ta ɗan fi ta yayansa tsayi, kuma a kansa nake komawa in mai fiyano ya karɓi fili. Sun jitu, ba sa faɗa. Iyakar abin da zan ce a kansa ke nan.

A situdiyo na sami abin da ban zata ba. Makirfo yana tsananta kaifin faifai, shi ya sa injiniyoyi suke yawan rage saman sautin ganguna, wanda kuma yake dusashe sauran kayan. Da na kai wannan, injiniyan da muka daɗe muna aiki tare ya saurara ta lasifika, ya ce ba abin da zai taɓa. Amma a wata waƙa mai shiru sosai, inda murya ce kawai da fiyano sai ni ina raɗa a baya, ƙusoshin sun ci gaba da rawa bayan an kai ƙarshe, makirfo kuma ya kwashe su tas. Maganin mai sauƙi ne: na manna ɗan guntun tef a kan ƙusa ɗaya, rawar ta ragu da rabi, aka sake ɗauka. Tun daga ranar ba na rabuwa da tef a jakar sanduna.

Akwai inda bai dace ba, kuma ni na kai shi can da kaina. An gayyace ni kiɗa a fili, gita biyu na lantarki an ƙure musu murya, ga manyan lasifikoki. Faifan ya nutse. Na ƙara ƙarfi, amon ya zama hazo, bugun ya ɓace. Cibiyarsa ma ba irin mai ƙarar ƙararrawa ba ce da ke huda kowace hayaniya, tana haɗe ne da sauran jikin faifan. Ba a ƙera shi don wannan aiki ba, kuma faifai mai wannan kaurin in aka dinga jibgarsa da sanda mai nauyi, tsagewa zai yi daga baki. Wanda yake kiɗa mai ƙarfi ya nemi mai nauyi. Kowa da kiwon da ya karɓe shi.

Ga mai niyyar saye, abu ɗaya nake roƙonsa. Tunda hannu ne ya ƙera su, babu biyu da suke daidai, ko da suna ɗaya ne a kansu da faɗi ɗaya. Na gwada uku kafin in zaɓa. Ɗaya ya fi nauyi, bugunsa ya fi fitowa amma ɗuminsa kaɗan ne. Ɗaya ya fi sauƙi, yana da daɗi a kunne amma yana saurin cika. Na ɗauki na tsakiya. Ka je da sandarka, kada ka gwada da wadda aka miƙo maka. Ka sa wani ya buga, kai ka ja baya taku goma ka saurara, domin abin da mai kujera yake ji daban ne da abin da ke isa ga jama'a. In daga nesa za a aiko maka, ka nemi nauyin ainihin faifan da za a ba ka da kuma sautinsa da aka ɗauka, kada ka wadatu da na wani ɗan'uwansa. In ya zo, kada ka ƙulle notin sama tam, ka bar shi ya yi lilo, ka kuma tabbata akwai robar da ke raba ramin tsakiya da ƙarfen da yake zaune a kai, in ba haka ba ramin zai ci ya zama kamar na makulli. Ba shi da araha, amma abu ne da in an kula da shi zai wuce mai shi.

Wani zai ce sayen faifai mai sunan gwani ba ya mai da mutum gwani, kuma gaskiya ne. Mel Lewis da zai zauna a bayan tsohon faifaina, da ya san yadda zai lallashe shi. Abin da wannan ya yi mini shi ne ya ƙi yarda da mugun halina. Duk sanda na koma dukan ƙarfi sai ya rufe ni da amo, duk sanda na sassauta na kasa kunne ga masu busa sai ya ba ni abin da nake so. Wata 14 ana yi mini wannan gyara kullum, har ya bi ni zuwa sauran gangunan: ƙafata ta yi sauƙi a kan babbar ganga, hannun hagu ya rage surutu. Dattijonmu bai sake tayar da maganar ba, sai dai ya ƙara wa masu saksofon wurare masu laushi a sabbin takardun da yake kawowa.

Ban taɓa goge shi da man sheƙi ba, ƙyalle busasshe kawai nake bi da shi. Ya fara yin duhu, sawun yatsuna sun zauna a bakinsa inda nake kama shi in tsayar da amo. Jiya ina ɗaure kaya na lura da tabon da kan sanda yake bari. Akwai tsoho, wanda ya fara dushewa, can kusa da cibiya inda nake bugawa a watannin farko don neman ƙara. Sabon kuwa ya gangaro wajen yatsu uku zuwa baki, kusa da ƙusoshin, kuma faɗinsa bai wuce tafin jariri ba.